Sunan da Zabeirou Ya Yi Ta Gogewa

Zabeirou mijin 'yata ne, kuma ba na jin nauyin kama sunansa. Ramlatou ba ita ce ta fari a wurina ba, auta ce, shi kuwa bai taɓa yi mini abin da zai sa in rufa masa asiri ba. A masallacinmu na nan Greensboro mutumin kirki ake ce masa: ba ya sha, ba ya faɗa, ba ya kallon matar kowa. Ni da nake cin tuwo gida ɗaya da shi tun zuwana wankan jegon Ramlatou na ƙarshe, na ga yadda mutumin kirki ke raba kansa da ɗan cikinsa ba tare da ya ɗaga murya ba. Wanda ya ji haushin abin da zan faɗa ya zo ya same ni, ina ɗakin da ke kusa da kicin.

Ɗan Mirriya ne, ta ƙasar Damagaram. Can gida malamin lakwal ne, wato makarantar boko, Mushe Zabeirou kamar yadda 'yan makaranta ke kiran malami a can, mai jan biro a aljihun gaba. Ranar da danginsa suka zo neman auren Ramlatou bai kamata a ga ko inuwarsa ba, amma ya biyo su ya raɓe a bayan zaure. Ana cikin gaishe-gaishe baffan yarinya ya ambaci shekarar da aka haƙa rijiyar unguwa, sai aka ji murya daga waje tana cewa a'a, shekarar da ta biyo baya ce. Da labari ya shigo cikin gida na ce wa mahaifinta wannan ba miji ba ne, mai duba jarrabawa ne. Ba a saurare ni ba.

Caca ɗaya ya taɓa yi a rayuwarsa, ta bizar Amurka, ita ma ya ci. Suka zo garin nan saboda akwai mutanenmu da yawa, ya samu aiki a wani ƙaton sito a bayan titin Wendover, yana tuƙa 'yar motar nan mai ƙaho biyu da ke ɗaga kaya. Kwali ba ya kuskuren lissafi, ba ya buƙatar malami. Sai ya kwaso jan biron ya dawo da shi gida. Ya gyara wa Ramlatou gishirin miya. Ya gyara wa liman sanarwar Juma'a. Ni ma ya zauna yana koya mini yadda ake kiran sunan garin da nake zaune a ciki, na ce masa garin bai kawo ƙara ba.

Ɗansu na fari Abdoul-Aziz ne, a nan aka haife shi. Maigidana nake ce masa, shi kuma ya ce ai ya sake ni tun ranar da ya ga haƙorana a cikin kofi. Bahago ne. Uban ya yi shekaru yana zare masa cokali daga hagu yana mayarwa dama, har ya yi nasara a kan cokali da biro. Jifa ce bai iya hanawa ba.

Zabeirou bai taɓa kiran sunan yaron ba. Wannan ba laifi ba ne, haka muka taso, ɗan fari kunyarsa ake ji. Ni ma tawa ta fari tana Damagaram da jikokinta, har gobe "waccan" nake ce mata. Amma a Mirriya in uba ya kawar da kai, akwai baffa da zai saɓa yaro a kafaɗa, akwai kawu da zai yi ta kururuta shi a kasuwa, akwai maƙwabciya da za ta ja shi gefe ta ce ranar da ka yi zazzaɓi ubanka ko tuwo bai taɓa ba. Gari ne ke faɗa wa yaro abin da uba ya haɗiye. To a hawa na biyu a Wendover wa zai faɗa? Maƙwabcinmu na dama sai mu yi wata ba mu ga ƙeyarsa ba, na hagu kuwa karensa kaɗai yake yi wa magana. Ramlatou ma ba ta kama sunan, amma ita tana dafa masa abin da yake so, tana shafa kansa in zai fita, hannunta ya gama faɗin komai. Daga wajen uba kuwa yaro ya taso yana jin "kai", "yaron nan", "a ce masa ya zo", alhali yana ganin iyayen abokansa a bakin fili suna ihun sunan 'ya'yansu har muryarsu ta dushe.

Wasan besbol ne ya ɗauke masa hankali. In ba ka taɓa gani ba, ba ka yi asarar komai ba: mutum ɗaya ya jefa ƙwallo, ɗaya ya kai mata duka da kulki, sauran suna tsaye a rana kamar masu jiran motar kasuwa. Amma ashe mai jifa da hagu abin nema ne a wurinsu. A bazarar da nake magana yana hutun ƙaramar kwalejinsa, ya shiga wata ƙungiyar samari da ke wasa a wani fili a gabashin gari. Sunanta ya fi ƙarfin bakina, 'yan jar hula nake ce musu. Ba su taɓa cin komai ba sai a shekarar, suka ɗauki kofin yankinsu, kuma a wasan ƙarshe maigidana ne ya yi ta jifa har aka tashi ba a ci su ko ɗaya ba.

Kada a ce ban yi adalci ba, Zabeirou yana zuwa kallo. Sai dai can ƙarshen benci yake zama, cikin magoya bayan ɗaya ɓangaren, da rigarsa ta sito. In ɗan wani ya yi abin kirki, ya tafa. In nasa ne, sai ya duƙa yana gyara igiyar takalmi. Ranar kofi takalmin nan ya sha ɗauri. Na kuma taɓa kama shi a bayan ƙofa yana tofa addu'a a cikin safar fatar da yaron ke cafe ƙwallo da ita. Safar ta ji, yaron bai ji ba.

Bayan kofin, jami'o'i biyu suka nemi Abdoul-Aziz ya zo ya ƙarasa karatu yana yi musu jifa. Ɗaya a nan jiharmu take, tafiyar da za a yi a dawo kafin miya ta huce. Ɗayar can Arizona, inda sai jirgi ko kwanaki a mota. Ya riga ya faɗa wa uwarsa ta kusa zai ɗauka, don ya riƙa zuwa cin dambu ranar Lahadi. Magana ta zauna a haka, saura sa hannu.

Sai kundin nan ya shigo mana gida. Akwai wani kundi a intanet da aka ce komai na duniya yana ciki, kuma kowa yana iya shiga ya ƙara ko ya rage. Ni ban yi boko ba, abin da ke ciki karanta mini ake yi, amma da na ji an ce kowa yana iya gyara rubutun kowa, na san an gina wa surukina aljannarsa tun a duniya. Wani ya buɗe shafi a kan wasannin 'yan jar hula na shekarar, ɗan guntu, da kurakurai nan da can. Zabeirou ya gani. Daga ranar, in ya dawo daga sito da la'asar ko wanka ba ya yi, sai ya baje kwamfuta a teburin cin abinci, mu kuma mu ci a cinya. Ya bi jaridar gari wasa bayan wasa. Ya gyara ranaku, ya gyara sakamako, ya sa har wasan da ruwan sama ya hana. Ya jera kowane yaro da garinsu da kwalejinsu, ya ɗora hotunan da ya ɗauka da waya daga ƙarshen bencin nan. In ya gama sai ya jingina da kujera yana kallon aikinsa, fuskarsa na sheƙi, irin sheƙin da ban gani ba ranar sunan 'ya'yansa.

Abokan wasan ne suka faɗa wa Abdoul-Aziz cewa shafinsu ya yi kyau, wai wani ZabeirouMirriya ne ke ta aiki a kai. Kun ji mutumin da ke ɓoye sunan ɗansa: nasa sunan a fili ya rubuta, har da garinsu.

Yaron ya shigo ɗakina da waya a hannu yana dariya, yana cewa ashe Baba yana kallo, ashe duk yana lura. Ya zauna a bakin gadona ya fara karantawa yana juya mini da Hausarsa mai ɗingishi. Ya karanta masu bugu. Ya karanta masu jifa. Ya kai ƙasa, ya koma sama, ya sake bi da yatsa a hankali. Babu shi. A wurin wasan ƙarshe an rubuta cewa mai jifan ƙungiyar ya hana abokan karawa ci. Mai jifan ƙungiyar, kamar wanda aka tsinta a bakin titi aka ba shi hula.

Na ce masa kunya ce, ai ya sani, na sha gaya masa. Ya ce ya sani. Da a nan abin ya tsaya, da ya haɗiye kamar yadda ya saba. Amma kundin nan ba ya mantuwa, duk hannun da ya taɓa shafi yana ajiye shaidarsa a wani lungu, wa ya sa me, wa ya cire me. Yaron ya buɗe lungun. Ashe wani ya sa sunan tun farko, har da abin da jarida ta faɗa a kansa. ZabeirouMirriya ya cire. Mutumin ya mayar, ZabeirouMirriya ya cire. Ya yi ta karanta mini, an sa, an cire, an sa, an cire, har na ce ya isa haka.

Ya kife wayar a kan zanen gado ya ce, "Hajiya, in bai faɗa ba, fine. Amma wani ya faɗa, shi ya bi ya goge."

Kunya bakin mai ita take rufewa. Ban taɓa jin inda ta ba mutum izinin ya bi maƙwabta yana toshe musu nasu ba.

Mai mayar da sunan wani ne Malachy, mutumin Kafanchan, Kirista, yana karatun dakta a jami'ar gabashin gari. Hausarsa ta fi ta jikokina nesa ba kusa ba. Shi ke zama a fili yana rubuta wa ƙungiyar sakamako don sha'awa kawai, shi ne kuma ya buɗe shafin. Da ya ga sunan mai goge masa aiki ya san ba Bature ba ne. Ya yi tambaya a shagon da muke sayen daddawa, aka kwatanta masa gidan. Ya zo wata Asabar bayan azahar, ya durƙusa ya gaishe ni da Mama, ya miƙo mini goro a takarda. Na ce a raina ga wanda aka yi wa tarbiyya.

Zabeirou ya karɓe shi hannu biyu, ya dafa masa shayi, suka yi ta zancen wasa kamar tsofaffin abokai. Ina kicin ina jin su, Abdoul-Aziz kuma yana tsaye a lungun da ke zuwa ɗakuna, inda uban ba ya ganinsa. Can Malachy ya ajiye kofi ya sassauta murya.

"Malam, na san abin da ke nan, mu ma a wajenmu akwai masu yi. Ban ce ka rubuta ba. Ni zan rubuta. Kai dai ka kawar da kai, kamar yadda za ka yi da a gida ne."

Wallahi ko baffan yaron ne ya taso daga Mirriya iyakar abin da zai faɗa ke nan. Allah ya aiko masa da baffa har falo, da goronsa. Zabeirou ya leƙa cikin kofinsa ya ce ai ba wannan ba ne, dokar kundin ce, jarida ɗaya ba ta isa hujja ba. Malachy ya tuna masa cewa da wannan jaridar ɗaya ya jera duk sauran yaran. Sai Zabeirou ya yi murmushi ya ce to, Allah ya sa mu dace, ya raka baƙo har mota yana ɗaga masa hannu.

Da yamma Malachy ya mayar da sunan. Ya kwana, ya wuni. Ranar Lahadi yaron ya ci dambu da mu, ya yi ƙari, ya tsokane ni cewa zai mayar da ni in na yi alkawarin daina minshari. Uwarsa har waƙa take a wurin wanke-wanke. Ranar Litinin Zabeirou ya dawo daga sito, ya baje kwamfuta, ya goge.

A ranar na ajiye surukuta a gefe. Na jawo kujera na zauna daf da shi, abin da ban taɓa yi ba tun da ya auri 'yata, na tambaye shi me yaron nan ya yi masa. Ya sunkuyar da kai ya ce bakin mutane yake tsoro. Wai shafin nan duk duniya ke karantawa, ba kowa ne zai ga an yabi yaro ya ce masha Allah ba, kuma hannu ɗaya ne jarin yaron.

Na ce, "'Ya'yan mutane da ka jera har da hotunansu, su ba su da hannun da zai karye?"

Ya ce in yi haƙuri, ya tashi ya shiga wanka.

Wataƙila yana tsoron da gaske, ban shiga zuciyarsa ba. Amma ni ga abin da na gani. Na ga mutumin da ba ya iya barin shafi in ba nasa ne hannun ƙarshe ba. Na kuma ga yadda yake kumbura a harabar masallaci in dattawa su Alhaji Isiyaku suka nuna shi suna cewa ga wanda Amurka ba ta canza ba, ga mai riƙon al'ada. Wannan yabon ya fi masa daɗi a kunne fiye da muryar ɗansa. Al'adar ma rabinta ya ɗauko, ya baro rabin da ke sa ta yi daɗi a can gida, da aka kawo masa kuma ya ba shi shayi ya sallame shi.

Masu kula da kundin suka gaji da sa-in-sa. Suka mayar da sunan, suka kulle shafin, Zabeirou kuma suka hana shi taɓa komai na wani lokaci. Ramlatou ta zo da murna tana cewa shi ke nan, suna ya zauna, babu mai iya cirewa. Na ce mata ke dai ba ki da wayo. Yaron ba sunan yake nema a shafi ba. Yanzu abin da ya sani shi ne sai da baƙi suka ɗaure hannun ubansa sannan sunan ya zauna.

Bai yi faɗa da kowa ba. A makon ya sa hannu a takardar Arizona, sai da ya gama ya faɗa wa uwarsa. Ta yi kuka, ta je ta sami mijinta ta roƙe shi ya yi wa yaron magana, ko ya canza. Zabeirou ya ce ai ya duba, jami'ar can ta fi ta nan ɗakin karatu.

Ranar tafiya da hantsi muka sauka wurin ajiye motoci. Ramlatou tana ta cusa kilishi da yaji a duk inda ta ga rami. Yaron ya durƙusa a gabana, na dafa kansa na ce ya tafi, kafin ya dawo na yi wani auren da mai gemu. Ya yi dariya kaɗan. Uban kuwa yana ta zagaya motar, ya sauke jaka ya sake ɗorawa, wai ba haka ake jera kaya ba, mai nauyi ne a ƙasa. Abdoul-Aziz ya je ya tsaya a gabansa. Bai durƙusa ba.

"Baba, ba sai ka rubuta ba. Faɗa kawai. Ba kowa a nan sai mu."

Ramlatou ta tsaya cak da leda a hannu. Na ga leɓen Zabeirou ya buɗe. Ni da ba na fatan alheri daga wajensa, a wannan lokacin sai da na yi. Ya kalli yaron, ya kalli ƙasa, ya kai ƙafa ya taɓa taya.

"Ta baya tana son iska. Ka tsaya a gidan mai."

Yaron ya ce, "Yes, sir." Ya miƙa masa hannu suka gaisa a tsaye, kamar yadda ake sallama da manajan sito, ya shiga mota. Muna kallo ya hau Wendover ya ɓace cikin motoci. Zabeirou ya daɗe a wurin bayan mun hau sama. Da ya shigo ya ce wa Ramlatou yaron bai kunna sigina ba da zai fita.

Yana kiran uwarsa, yana kirana, mu ga fuskarsa a waya ya yi baƙi da ranar can. In uban ya gifta sai hirar ta koma ta yanayin gari. Hutun sanyi ya zo, Ramlatou ta wanke masa zanen gado ta jiƙa zogale, sai ya bugo ya ce atisaye ya riƙe shi, zai yi hutun a gidan wani abokinsa. Na san muryar maigidana, babu wani atisaye.

An daɗe da buɗe wa Zabeirou ƙofar kundin. Yanzu wai shafin wani kogi yake gyarawa, an yi kuskuren tsawonsa. Na ce wa Ramlatou ta kwashe masa kwamfutar daga teburin abinci ta kai masa ɗaki. In za mu zauna mu ci tuwo muna kallon kujerar da babu kowa, ba sai an haɗa mini da ƙarar yatsunsa ba.